In wuya ya ci bashi, kai ke biya

Maganin ciwon kai na cikin hajojin da ba su kwana a kasuwanninmu. Daga Katako ta Yamai har kasuwar Dole ta Damagaram, mai tire na yawo da shi rumfa-rumfa, mai tebur na jera shi kusa da ashana da alawa, mu kuma muna sayen ƙwaya ɗaya ko biyu, mu kora da ruwan leda, mu koma ciniki. In aka tambaye mu abin da ya kawo ciwon, amsarmu ba ta wuce uku: zafin rana, tansiyo, ko tunanin bashi. Sau da yawa kuwa hakan ne. Amma akwai wani ciwon kai da tushensa ke ƙasa da kai, wato a wuya, kuma shi ne ke bin mai talla, da ɗan dako, da tela, da mai kitso, da duk wanda ke wuni da kaya bisa kai ko da kai sunkuye. Ana iya shekara ana shan ƙwaya dominsa, yana lafawa yana dawowa, don kuwa ba a taɓa wurin da yake fitowa ba.

Masana lafiya sun daɗe da sanin wannan ciwo. Wani lokotoron jijiyoyi na ƙasar Norwe, Ottar Sjaastad, shi da abokan aikinsa suka raɗa masa suna a 1983, suka ware shi daga sauran ciwukan kai. Binciken da ya yi daga baya a wata karkara ta ƙasarsu ya nuna kusan mutum 4 cikin 100 na manya suna fama da shi. A can kuwa ba a talla bisa kai. Maganinsa yana hannun ma'aikacin lafiyar nan da muke ce ma kine a asibitocinmu, wanda ƴan uwanmu na Najeriya ke kira likitan gashin ƙashi, sa'an nan yana hannun mai ciwon shi kansa.

Yadda wuya ke aika ciwo zuwa kai

Wuyan ɗan Adam ƙasusuwa 7 ne a jere, ɗaya bisa ɗaya, da gaɓoɓi tsakaninsu, da tsoka kewaye da su tana riƙe da su. A bisansu kai ke zaune, nauyinsa wajen kilo 5, wato kamar tiya 2 ta hatsi. Ƙasusuwa biyu na can sama, dab da ƙeya, su kaɗai ke yin kusan rabin aikin waiwaye dama da hagu.

Jijiyoyi uku na farko da ke fitowa daga saman wuya su ke ɗauko saƙon ciwo daga gaɓoɓi da tsokar wurin. Kafin saƙon ya isa ƙwaƙwalwa, sai ya biya ta wata mahaɗa inda babbar jijiyar fuska da goshi da ido ita ma ke sauke nata saƙon. Kamar mutum biyu ne ke kiran ka da lambar tarho guda: in ta yi ƙara, ba lalle ka san wane ne cikinsu ba. Haka ƙwaƙwalwa ke ruɗewa. Gaɓar da ta ƙage a dokin wuya sai ta sa mutum ya riƙa jin sara a goshi ko a bayan ido, ya yi ta ɗaure kai da kallabi, ya yi ta shafa mai, alhali goshin lafiyarsa lau.

Abin da aikin kasuwa ke yi ma wuya

Mu fara da kaya bisa kai. Litar ruwa ɗaya kilo ɗaya ce, ke nan jarka mai lita 25 kilo 25 ce, kuma ta ninka nauyin kai sau 5. Buhun siminti kilo 50 ne. Babban buhun hatsi yana kai kilo 100. A 1986 an buga wani bincike da aka yi kan matan ƙasar Kenya da suka saba da ɗaukar kaya, aka ga suna iya tafiya da kayan da ya kai kashi 20 cikin 100 na nauyin jikinsu ba tare da sun ƙara kashe ƙarfi ba. Ga mace mai kilo 60, wannan kilo 12 ne kawai. Daron tumatir ko na mangwaro da ake fitowa da shi da safe ya fi haka nesa ba kusa ba, ga kuma goyo a baya. Binciken ma numfashi ya auna, bai ce wuya ba ya jin jiki ba.

Nauyin kaɗai bai kai haɗarin yadda ake motsi da shi ba. Mai talla da aka kira daga baya sai ta karkata wuya da daro bisa kanta. Ɗan dako ya tsallake kwata da buhu. Wata ta ɗora ma kanta kaya ita kaɗai don ba ta son roƙon a ɗora mata. Kowane ɗaya cikin waɗannan murɗa ce da gaɓoɓin saman wuya ke sha.

Na biyu shi ne zama da kai sunkuye. A 2014 wani lokotoron ƙashin baya na Amurka, Kenneth Hansraj, ya yi lissafi da na'ura mai ƙwaƙwalwa, ya nuna kan da ke kilo 5 in yana miƙe, in aka sunkuyar da shi kaɗan wuya na jin kamar kilo 12, in aka sunkuyar da shi sosai, kamar mai duban salula a cinya, wuya na jin kamar kilo 27. Mu duba tela bisa keken ɗinki, da mai tuyar ƙosai bisa ƴar kujera, da mai awo, da mai tsintar wake, da ɗan canji mai ƙidayar kuɗi, da alhajin da ya maƙale tarho tsakanin kunne da kafaɗa yana rubuta lissafi. Babu kaya bisa kansu, amma wuyansu na dako tun safe har magariba.

Na uku shi ne hanya. Daga Maraɗi zuwa Yamai ya fi kilomita 600, daga Damagaram kuma wajen 900. Fatake da ke kwana cikin mota kai na lilo, da mai hawan kabu-kabu bisa hanya mai ramuka, da wanda ya taɓa faɗuwa ko aka bugi motarsu ta baya, duk suna iya tashi da wannan ciwo, wani lokaci bayan an manta da haɗarin.

Yaya ake gane shi?

Jiki magayi ne. Ciwon kai mai tasowa daga wuya yana da halayensa. Yakan kama ɓangare ɗaya, kuma ɓangaren ba ya sauyawa: in na dama ne, kullum na dama ne. Yakan fara daga dokin wuya ko ƙeya, ya hau ta bayan kunne, ya sauka a goshi ko bayan ido. Juya wuya, ko daɗewa a zama ɗaya, ko sauke kaya, suna tada shi. In aka danna saman wuya da yatsa, sai mai shi ya ji ainihin ciwon kan da ya sani ya taso. Waiwaye yakan ragu ta gefe guda. Da yawa sukan fara lura da haka wajen sallame salla, ko in za su duba baya bisa babur. Wani lokaci kafaɗa da hannun wannan gefe su ma suna nauyi.

Ya bambanta da ciwon ɓarin kai, wanda ke bugawa kamar ana daka, ya zo da tashin zuciya ko amai, mai shi ya ƙi haske da hayaniya, ya ɗauki daga awa 4 har kwana 3, kuma yana iya sauya gefe. Ya kuma bambanta da ciwon kai na gajiya da damuwa, wanda ke matse kai duka kamar rawani da aka ɗaure tamau. Sai dai a lura, mai ciwon ɓarin kai shi ma yakan ji wuyansa na ciwo, kuma mutum ɗaya na iya haɗa iri biyu. Shi ya sa hukuncin ƙarshe na ma'aikacin lafiya ne da ya duba da hannunsa.

Hoton ƙashi, wanda muke ce ma radiyo, ba shi ke yanke hukunci ba. Mutane da yawa da suka manyanta, in aka ɗauki hoton wuyansu za a ga ƙashi ya ci, alhali ba su jin ciwon kome. Wani kuma yana fama da ciwo, hotonsa tas. Kada ganin takardar radiyo ya tada mana hankali.

Alamomin da ba a jira da su

Kafin maganar gashi da motsa wuya, akwai abin da ya wajaba mu sani, don a ƙasarmu ciwon kai da ƙagewar wuya na iya zama sanƙarau. A annobar 2015 sama da mutum 8,000 suka kamu a Nijar, sama da 500 suka rasu. Cutar ta fi yawa daga hunturu zuwa bazara, kuma tana kisa cikin kwana ɗaya ko biyu. Don haka a tafi asibiti nan take, ko da tsakar dare ne, in an ga ɗaya daga cikin waɗannan:

Ciwon kai da masassara mai zafi, wuya ya sandare har haɓa ba ta iya taɓa ƙirji.

Ciwon kai da ya faɗo farat ɗaya da ƙarfin da ba a taɓa jin irinsa ba.

Ciwon kai tare da karkacewar baki, ko nauyin harshe, ko mutuwar hannu ko ƙafa, ko gani biyu-biyu, ko suma, ko ruɗewa.

Ciwon kai ga mace mai ciki ko mai jego, musamman in fuska da hannu sun kumbura ko gani ya dushe, don yana iya zama hawan jini mai kawo jijjiga.

Ciwon wuya ko na kai bayan faɗuwa ko haɗarin hanya. A nan kada a ja wuyan, kada a murɗa shi.

Ciwon kai sabo ga wanda ya haura shekara 50, ko wanda ke ƙaruwa mako bayan mako, ko mai zuwa da rama da tari da zufar dare.

Waɗannan duk ba na kine ba ne, ba na wanzami ba ne, ba na mai tire ba ne. Haka kuma duk mai yawan ciwon kai ya kamata a auna masa tansiyo, in da masassara a yi masa gwajin cizon sauro, kafin a ɗora ma wuya laifi.

Mu yi lissafin ƙwaya

Ɗan kasuwa ba ya ƙin lissafi. A ce dala 20 muke kashewa kullum kan ƙwaya. A wata jika 3 ke nan, a shekara jika 36, jarin wata mai ƙosai sukutum. Wannan ban da ranakun da aka rufe rumfa aka kwanta, da cinikin da ya wuce ma maƙwabci.

Asarar jiki ta fi ta aljihu. Lokotoroci sun tabbatar yawan shan maganin ciwon kai shi kansa yana haifar da ciwon kai. Wanda ke shan farasitamol ko ibufurofen kwana 15 ko fiye a wata, har abin ya wuce wata 3, ya shiga wannan tarko. In ƙwayar mai haɗe-haɗe ce, irin mai kafeyin a ciki, ko tramol ce, kwana 10 a wata sun isa. Mutum ya tashi da ciwo ya sha, ƙarfin maganin ya sauka ciwo ya dawo, ya ƙara sha. Farasitamol mai lamba 500 bai kamata babba ya wuce ƙwaya 8 cikin awa 24 ba, mai ciwon hanta ko ƙaramin jiki kuma ƙasa da haka. Ibufurofen da dikulofenak, in an daɗe bisa kansu, suna kawo gyambon ciki, suna taɓa ƙoda, suna iya ƙara tansiyo, kuma mai ciki ba ta shan su sai da izinin likita. Tramol kuwa, ta asibiti lamba 50 ce ko 100, ta bakin hanya tana kai 200 ko 225. Tana ɓoye ciwo har ɗan dako ya ɗauki abin da ya fi ƙarfinsa, ta kama mutum ya kasa bari, tana kuma kawo farfaɗiya. Wanda ya riga ya saba da ita kada ya yanke rana ɗaya, ya nemi likita ya sauke shi sannu a hankali.

Me kine ke yi?

Da yawa cikinmu mun ɗauka kine na mai karaya ne da wanda ɓarin jikinsa ya shanye. Aikinsa ya fi haka faɗi. Manyan asibitoci irin asibitin ƙasa na Yamai da na Damagaram suna da sashen kine, a sauran wurare kuma sai a fara da CSI ko asibitin gunduma, su duba, su rubuta takardar turawa. A 2024 gwamnati ta rage kuɗin ganin likita da na gwaje-gwaje da rabi a asibitocinta, don haka a tambayi farashi a wurin biya kafin a yanke ƙauna.

Ranar farko tambayoyi ne da dubawa. Zai so ya san sana'arki, nauyin kayanki, irin kujerarki, yadda kike kwanciya, da ƙwayoyin da kike sha. A faɗa masa gaskiya. Zai sa ki juya kai ta kowane gefe ya ga inda ya tsaya. Zai kwantar da ke, ya sunkuyar da kanki, ya juya shi a hankali don ya auna gaɓar can sama, ya bi ƙasusuwan da yatsa yana neman wadda ke tada ciwon. Zai duba ƙarfin hannuwa da jin yatsu. In ya ga abin da ba nasa ba ne, zai mayar da ke wurin lokotoro.

Maganin nasa kashi uku ne. Na ɗaya aikin hannu: yana motsa gaɓar da ta ƙage a hankali, yana sassauta tsokar da ta ɗaure. Na biyu koyar da motsa jiki, don farfaɗo da ƙananan tsokoki na cikin wuya da na allon kafaɗa, waɗanda in sun yi rauni sai na waje su ɗauki aikin, su gaji, su ƙulle. Na uku gyaran yadda ake aiki da zama da kwanciya. Gashi da ɗumi ko na'urar lantarki ƙari ne kawai. Taliyar wuya, wato abin nan da ake ɗaura ma wuya ya hana shi motsi, ba a daɗewa da ita sai da umarnin likita, don tana ƙara raunana tsoka.

Akwai hujja bisa wannan hanya. A 2002 wata malamar jami'a ta ƙasar Ostiraliya, Gwendolen Jull, da abokan aikinta suka buga sakamakon gwajin da suka yi da mutum 200 masu irin wannan ciwo. An yi musu magani na mako 6, zuwa 8 zuwa 12: wasu aikin hannu, wasu motsa jiki, wasu duka biyun, wasu kuma ba a yi musu ko ɗaya ba. Bayan shekara guda, waɗanda aka yi ma magani ciwonsu ya ragu a yawa da a ƙarfi, kuma wajen 7 cikin 10 daga cikinsu ranakun ciwon kansu sun ragu da rabi ko fiye. Abin lura gare mu shi ne motsa jikin kaɗai ya yi aiki kusan daidai da aikin hannu. Ke nan wadda ke zaune nesa da gari, in ta samu zuwa biyu ko uku aka koya mata daidai, sauran aikin a ɗakinta za ta yi shi, ba ko dala.

Motsin da ake yi a gida

Ga kaɗan daga abin da kine kan koyar. Na wanda aka riga aka duba ne, aka tabbatar babu ɗaya daga alamomin haɗari da muka lissafa.

Na farko, gyaɗa kai. A kwanta rigingine bisa tabarma, a tanƙwashe gwiwoyi, a sa ɗan zane ninke ƙarƙashin kai. A gyaɗa kai kaɗan, haɓa ta nufi maƙogwaro, kamar mai amsa magana da "i", ba tare da an ɗaga ƙeya daga ƙasa ba. A riƙe har a ƙidaya 10, a saki, a maimaita sau 10, safe da dare. Motsi ne ƙarami. In jijiyoyin gaban wuya sun miƙe sun fito, an sa ƙarfi da yawa, a rage.

Na biyu, gyara zama. A zauna miƙe, a ɗaga ƙirji kaɗan, a ja allon kafaɗu baya da ƙasa a hankali, a ji ƙeya ta yi tsawo kamar ana jan ta sama. A riƙe har 10. Ana yin wannan cikin rumfa ba wanda zai lura. A ɗaura shi da wani abu da ake yi kullum, alal misali duk lokacin da mai saye ya tafi.

Na uku, waiwaye. A zaune, kafaɗu a sake, a juya kai dama sannu har inda ya tsaya ba ciwo, a dawo, a juya hagu, sau 5 kowane gefe. Ba a fizga, ba a tura kai da hannu.

Na huɗu, gashi. A tsoma tsumma cikin ruwa mai ɗumi, a matse, a ɗora bisa dokin wuya minti 10 zuwa 15 bayan an taso kasuwa. A gwada zafin a hannu tukuna.

In ana cikin yi aka ji jiri, ko gani ya dushe, ko yatsu sun mutu, ko ciwo ya harba zuwa hannu, a tsaya a koma asibiti. Kuma a yi haƙuri: tsokar da ta shekara tana rauni ba ta ƙarfi a kwana 3. Sai an yi makonni ana yi kafin a ga bambanci. Sannu ba ta hana zuwa.

Gyaran da za mu yi a wurin sana'a

Ba wanda zai ce ma mai talla ta bar talla, da shi take ci da ƴaƴanta. Amma akwai abin da za a iya sauyawa. A raba kaya gida biyu, sawu biyu da rabin kaya sun fi sawu ɗaya da kwanciyar mako. A yi gammo mai kauri da faɗi, kaya su zauna tsakiyar kai. A nemi mai ɗorawa da mai saukewa, kuma a durƙusa da gwiwa, baya na miƙe. In an kira ki kina ɗauke da kaya, ki juyo da jiki duka. Inda hanya ta yarda, a sa baro ko amalanke. Ƴan mata ƙanana da ƙashinsu bai gama ƙwari ba, kada a ɗora musu kayan manya.

Masu aikin zaune su ɗaga aikin ya zo kusa da su: tire bisa kwali ko benci, keken ɗinki daidai tsayin mai shi, salula a ɗaga ta kusa da fuska. Kowane rabin awa a miƙe, a taka, a motsa kafaɗu. Wanda ke sunkuyawa don ba ya ganin ramin allura ko rubutun littafin bashi, ya je a auna idonsa, wataƙila tabarau yake bukata. Wajen kwanciya, matashi ya cike tsakanin kunne da kafaɗa in ana kwance ta gefe, kada ya yi tudu har ya tanƙwashe wuya. Kwanciya rub da ciki tana murɗe wuya dare guda cur. A doguwar tafiya a naɗe rawani ko zane a tokare wuya kafin barci ya ɗauka. A sha ruwa isasshe, don ƙishirwar bazara ita ma tana sa kai sara.

Wanzami, ƙaho da ƙarar wuya

Wanzamai da maɗora sun daɗe suna hidima ga jama'a, kuma mutane da yawa na cewa suna jin sauƙi bayan an yi musu ƙaho a ƙeya. Sauƙin ba ya daɗewa, don ƙaho ba ya ƙara ma tsoka ƙarfi, ba ya rage nauyin daro. Askar da aka tsaga wani da ita kuwa tana iya ɗauko ciwon hanta ko sida, saboda haka mai son ƙaho ya tafi da sabuwar rezarsa.

Abin da za mu guje ma gaba ɗaya shi ne fizgar wuya har ya yi ƙara, irin wadda wasu masu aski da masu tausa ke yi ma mutum kyauta bayan sun gama. Jijiyoyin jini biyu masu kai jini ƙwaƙwalwa suna bi ta cikin ƙasusuwan wuya. Fizga mai ƙarfi na iya tsaga cikin ɗaya, jini ya daskare, ɓarin jiki ya shanye. Ba kasafai yake faruwa ba, amma wanda ya faɗa ma, shi da iyalinsa ke ɗaukar nauyin har ƙarshen rai. Tsautsayi ba ya wuce ranarsa, in ji mutane, amma ba a miƙa masa wuya.

Kira ga shugabanninmu na kasuwa

A watan Mayu na 2023 babban taron hukumar lafiya ta duniya OMS ya amince da ƙudurin da ke neman ƙasashe su shigar da aikin farfaɗo da gaɓoɓi cikin kiwon lafiya na yau da kullum, ya isa har ƙananan asibitoci. Kafin wannan ya iso ƙauyukanmu, akwai abin da ke hannunmu. Ƙungiyoyin ƴan kasuwa, da na teloli, da na ƴan dako, da ƙungiyoyin mata, suna iya gayyato kine ranar da kasuwa ba ta ci, ya nuna ma mutum 30 ko 40 waɗannan motsi a zama ɗaya. Ranar 8 ga Satumba ta kowace shekara ita ce ranar wannan sana'a a duniya, dama ce ta shirya irin wannan taro na waye kai. Matan da ke adashe suna iya ware zubi ɗaya su sayi baro na tarayya. Masu manyan shaguna da ke ɗaukar ƴan dako su rage girman buhu, ko su sa mutum biyu bisa buhu ɗaya.

Ga kowane ɗayanmu kuma, ga aiki mai sauƙi daga yau. A buɗe shafi ɗaya a bayan littafin bashi. Duk ranar da kai ya yi ciwo a ja layi, a rubuta gefen da ya kama, da aikin da aka yi a ranar, da yawan ƙwayar da aka sha. Wadda ba ta rubutu ta sa ɗanta ɗan lakwal ya rubuta mata. In wata ya cika a ƙidaya. In ranakun shan ƙwaya sun kai 10, a ɗauki littafin, a haɗa da kwalayen magungunan, a tafi asibiti, a ce ma likita ya duba wuyan shi ma. Allah Ya ba mu lafiya da kasuwa mai albarka.